Bajamushen da Ke Neman 'Yar Mai Firam

Mai Firam yana cikin yankan gilashi yayarsa ta faɗo shago ba ko sallama. Wannan kaɗai ya isa ya gaya masa akwai magana, don Gwaggo, kamar yadda kowa ke kiranta, mace ce da ko kyanwa ta tarar a ɗaki sai ta yi mata sallama. Ta ture wani hoton biki da ke kan benci, ta zauna, ta gyara mayafi.

"Kana nan kana ta ƙiii-ƙiii da gilashi, ana shirin ɗauke maka 'ya."

Bai ɗago ba. Wanda ya ɗora bakin abin yanka a kan gilashi ba ya tsayawa a tsakiya ko gobara ake yi. In ka tsaya layi ya ɓaci, gilashi kuma ba ya yafiya. Sai da ya ja har baki, ya ɗan ƙwanƙwasa ƙasan, gilashin ya rabu biyu tsaf, sannan ya ce, "Sannu da zuwa, Yaya. Wa zai ɗauke ta?"

"Bajamushe."

"Wane iri?"

"Iri-iri ne da su? Da kunnena na ji. Ina shara a bakin ƙofarta tana waya da ƙawarta. Ta ce, 'Wallahi manemin nan ya hana ni sakat, da shi nake kwana, da shi nake tashi.' A rai dai take nufi, ina kyautata zato. Ƙawar ta ce wani abu, sai ta kwashe da dariya ta ce, 'Ke ba ki san Bajamushe ba, ba ya gaya miki abu kai tsaye, sai ya zagaya da ke duniya.' To ka ji. Ni dai na sauke nauyi."

Mai Firam ya ɗauki tsumma ya bi yatsunsa yana gogewa. 'Yar tasa ita kaɗai Allah ya bar masa, sunan mahaifiyarsa gare ta, shi ya sa yake ce mata Uwata. Da safe tana koyarwa a wata sakandare, da rana ta wuce jami'a inda take ƙara karatu a kan adabi, har ta koyi Jamusanci tana yi kamar mai kurkure baki. Shi nasa karatun ya tsaya ne daidai inda ya iya karanta lambobin rula da rubuta sunan mai kaya a bayan kwali, kuma bai taɓa jin ya yi asara ba. Duniya ya karanta, a fuskokin da ake kawo masa ya sa a firam.

Bajamushen bai dame shi ba. Mutum mutum ne ko daga ina ya fito. Abin da ya soke shi shi ne a bakin tsintsiya ya ji labarin. Da uwar yarinyar na da rai, da ita za a fara gaya wa, ita kuma ta san yadda za ta sa masa maganar a kunne ba tare da ta yi zafi ba. Tun da ta rasu, shi da 'yarsa suke zaune lafiya lau, gaisuwa da shayi da "a dawo lafiya", amma ya daɗe yana zargin akwai wani ɗaki a cikin yarinyar nan da bai taɓa leƙawa ba. Ga shi wani baƙo ya riga shi shiga, zai kuma fita da ita.

"Kada ki ce mata komai," in ji shi.

"Au, zuba ido za ka yi?"

"Gilashi nake yanka, Yaya. Abin da aka matsa wa fashewa yake yi."

Da yamma shi da Gwaggo da 'yarsa suka zauna cin abinci a falo, a gefen teburin da littattafan yarinyar suka cinye rabinsa. Ya bari ta ci ta sha ruwa. Ya yi hirar wata mata da ta kawo hoton mijinta ta ce a yanke kan abokinsa daga ciki. Sannan, kamar wanda abin ya faɗo masa yanzu, ya ce, "Uwata, an ce mini akwai wani Bajamushe."

Ta ajiye cokali. Ya yi tsammanin ta sunkuyar da kai, sai ya ga fuskarta ta washe kamar an kunna fitila.

"Baba! Wa ya gaya maka? Ai na ɗauka ba za ka so jin labarinsa ba."

"Me zai hana? Abin da ya shafe ki ai ya shafe ni. Mece ce sana'arsa?"

"Rubutu. Labarai da waƙoƙi."

"Mawaƙi ne ke nan."

"Ba na kiɗa ba, Baba, na takarda."

"To, da sauƙi. Iyayensa fa? Mutanen kirki ne?"

"Ubansa mai wa'azi ne, mutum mai tsanani. Ya sa shi makarantar addini, shi kuma ya gudu. Ya yi ta gararamba har iyayen suka ɗauka ya taɓu."

"Ya taɓu," Mai Firam ya maimaita, yana gyaɗa kai kamar an gaya masa farashin ƙusa. "Ya taɓa aure?"

"Ya fi sau ɗaya. Zaman ne ba ya daɗewa. Shi ba mutumin zama wuri ɗaya ba ne."

Gwaggo ta ƙware da ruwa, sai da aka bubbuga mata baya.

"Ke kuma duk kin san wannan?"

"Ai shi ya sa yake burge ni. Ba ya ɓoye komai. Abin da wani zai ji kunyar faɗa wa kansa, shi zai faɗa maka."

Mai Firam ya daɗe a duniya, ya san irin mazan da ke fara lissafa laifinsu da bakinsu don mace ta ce kai, wannan mai gaskiya ne. Ya ce dai, "Ina so in ga fuskarsa."

"Ina da hotonsa! Dama ina so ka sa mini shi a firam, nauyi nake ji."

Washegari ta bar masa ambulan a kan teburin aiki ta wuce makaranta. Bai buɗe ba sai da ya ƙwanƙwasa bango ya kira Tela, maƙwabcinsa, wanda suke tare tun gashin kansu duka na baƙi. Tela ya shigo da tef a wuya da allura a baki. Suka shimfiɗa hoton a kan tsohon bargon da ake yanka gilashi a kai.

Wani tsoho ne siriri da tabarau, wuyansa ya yi wa wuyan rigarsa kaɗan, yana zaune kusa da taga yana kallon wani abu a waje.

Tela ya zare allura daga bakinsa. "Uban yaron ne?"

"Shi ne yaron."

Tela ya nemi kujera. Ya yi dariya har tef ɗinsa ya faɗi. "Mutumina, barka! Ka yi suruki wanda za ka riƙa durƙusa wa. Wannan ai in ya zo gaisuwa kai za ka riƙe masa sanda." Ya sake leƙawa, ya ɗan natsu. "Amma tsaya. Wannan wuyan rigar, ko maigidana da ya koya mini ɗinki ya daina yin irinsa kafin in zo hannunsa. A ina ya samo?"

Mai Firam ya ɗauko madubin da yake duba tsagar gilashi da shi, ya kai ido kusa. Hoton ba wankin mai hoto ba ne. Ɗigo-ɗigo ne ƙanana, irin na abin da aka buga a littafi. Ya ja da baya ya sake kallon mutumin gaba ɗaya. Akwai abin da sana'a ta koya masa wanda bai taɓa faɗa wa kowa ba. Hoton mai rai, mai shi ne ke zaɓa, don haka yana kallonka ido cikin ido, ya gyara hula, ya tsuke ciki. Hoton mamaci kuwa waɗanda ya bari ke zaɓa, su kuma sun fi son wanda ya juya yana kallon wani waje, kamar dama ya san da tafiyar.

"Tela," ya ce, "surukin nan nawa ya daɗe a ƙasa."

Da la'asar da 'yarsa ta biyo ta shagon, ta tarar ya riga ya haɗa kusurwoyin firam yana buga ƙananan ƙusoshi a baya. Bai ɗago ba ya ce, "Tun yaushe ya rasu?" da muryar wanda dama ya sani.

"Tun kana yaro, Baba."

"Allah sarki. To shi wannan manemi da ake ta faɗa fa?"

Ta tsaya tana kallonsa. Ta kalli hoton. Ta kalli ƙofa, inda Tela ya leƙo da kai yana yi kamar almakashi yake nema. Sai ta dafe bango. Dariya ta ci ƙarfinta har ta zauna a kan benci tana share hawaye da gefen mayafi.

"Baba, wato jiya bincike kake yi? Wayyo cikina! Gwaggo ce, ko? Na ce tsintsiyar nan ta daɗe a ƙofata!"

Da ta samu numfashi ta yi bayani. A duk littattafan mutumin nan akwai wani irin mutum da ke dawowa, yau a rigar malami, gobe a rigar mai sana'a. Yana da gida, yana da abin yi, amma wani abu na cinsa a ciki, sai ya tashi ya kama hanya. A harshensu akwai kalma guda da ake kiran irin wannan mutum. Ita kuma a kan shi take rubuta bincikenta, ta juya kalmar ta juya, ba ta samu abin da ya fi "manemi" ba.

"To ai manemi a wurinmu aure yake nema," in ji Tela daga ƙofa.

"Na sani, Baba Tela. Shi ya sa na ce ya hana ni sakat."

Gwaggo da ta ji labari ta yi kwana da kwanaki ba ta kula kowa. Ta ce laifin masu boko ne da ke ɗaukar kalmar mutane su sa mata wata riga.

Ya kamata a ce magana ta ƙare a nan, a yi dariya a watse. Amma Mai Firam bai samu sauƙin da ya yi zato ba. Labarin zuciya a tambayi fuska, shi kuma ya ga fuskar 'yarsa a wurin cin abincin nan. Ya sa hotunan amare a firam da ba su ƙirguwa, ya san hasken nan. Mutumin ya mutu, to sai me? Mai rai ma za ka iya kiransa ka zaunar da shi ka kalli ƙwayar idonsa. Matacce kuwa ya gama faɗin abin da zai faɗa, ya bar shi yana aiki.

Don haka ya ce mata binciken bai ƙare ba. Ranar Asabar da rana, lokacin da kasuwa ke yin sanyi, ta zo shago ta karanta masa abin da mutumin ya rubuta, yana aiki yana ji.

Haka aka fara. Takan zauna a kan benci tsakanin hotunan da ba a zo karɓa ba, littafi a cinya, ta karanta layi a ranta ta juya masa shi da Hausa. Tela ya gano cewa ɗinkin maɓalli ba ya buƙatar keke, sai ya riƙa kwaso riguna ya zo ya zauna a bakin ƙofa.

Labarin farko na wani mai zanen taswira ne. Ya tsufa a ofis yana zana koguna da duwatsu da bai taɓa gani ba. Wata safiya yana cikin jan layin wata hanya sai hannunsa ya ƙi. Ya ajiye alƙalami, ya ɗauki hularsa, ya fita ya bi hanyar da ƙafa.

"Me yake nema?" in ji Mai Firam.

"Shi ma bai sani ba."

"Kuɗi?"

"A'a."

"Mace?"

"Ya gamu da mata a hanya, amma ba su ba ne."

"Allah ke nan."

"Kusa da haka. Wani lokaci kamar Allah yake nema, wani lokaci ya ce kansa yake nema."

"Kansa?" in ji Tela. "A ina ya ajiye shi? Ni ko almakashina na ɓatar na san ɗakin da zan duba."

Mai Firam bai yi dariya ba. Yana shafa gam a bakin katako yana tunani. "Da ya fita, wa ya bari a gida?"

"Matarsa da yara."

"Me littafin ya ce a kansu?"

Ta juya shafi, ta sake juyawa. "Bai koma kansu ba sosai."

"Ka ji," ya ce wa Tela. "Shi yana can yana neman kansa, ita tana nan tana neman gawayi. Ita ba manemiya ba ce?"

"Baba, ba haka ake karanta shi ba."

"Yaya ake karanta shi?"

"Ba cewa yake kowa ya bar gidansa ba. Cewa yake akwai wanda in ya zauna zai mutu a tsaye, yana ci yana sha yana gaisawa da mutane amma ba kowa a ciki." Muryarta ta ɗan tashi, abin da ba ta taɓa yi a gabansa ba. Ta ji da kanta, ta mai da ido kan littafi.

Shi kuma ya lura, ya ajiye a ransa.

Abin mamaki, mai taswirar nan ya bi shi har cikin mako. Yana goge gilashi sai ya kama kansa yana tambaya ko mutumin ya kai dutsen da ya nufa. Ya tuna wani abu da ya manta da shi tun tuni. Yana saurayi, maigidansa ya aike shi tasha ya karɓo kaya. Yana tsaye sai ga wata mota ta cika saura mutum ɗaya, ana ta kiran sunan wani gari da bai taɓa ji ba. Ƙafarsa ta ɗaga da kanta. Ba wanda ya ɓata masa rai, ba abin da ya rasa, kawai ya ji kamar a can ne aka ajiye masa wani abu. Sai wata mata mai kaji ta ture shi ta shige, mota ta tashi, ya ɗauki kayansa ya koma shago. Bai taɓa sanin abin nan yana da suna ba, balle a ce wani Bature ya cika littattafai da shi. Ya yi mamakin yadda mutum zai zauna a ƙasar da ba ka taɓa zuwa ba, ya mutu kana yaro, amma ya san abin da ƙafarka ta yi a tasha.

Asabar ta bi Asabar. Mai taswira ya zauna da masu ibada a kan dutse ya bar su, ya yi aiki a gonar inabi ya bari, ya yi ciwo ya warke. Tela ya sa masa suna Ba-ka-zama. Gwaggo ma ta fara aiko da tambaya ta bakin ƙanenta, wai ko ya koma wurin matar.

Ana cikin haka wata safiya mai hoton da ke tsallaken titi, wanda ke turo masa masu son firam, ya tsaya gaisawa. Har ya juya sai ya ce, "Af, ka ce wa Malama hotunanta sun fito. Na yi mata farin bango, kunne a waje, yadda ofishin fasfo ke so."

"Madalla," in ji Mai Firam. "Zan gaya mata."

Bai gaya mata ba, bai kuma gaya wa kowa ba. Ya jira Asabar.

Ran nan ba ta zo da littafin mai taswira ba. Wani siriri ta kawo, na waƙoƙi. Ta ce akwai wadda take so ya ji, ta daɗe tana kokawa da ita. Tela ya tafi kai ɗinki, su biyu ne kawai a shagon, sai ƙarar motoci daga titi.

Waƙar gajera ce. Wani mutum uwarsa na kwance da zazzaɓi. Ya ji labarin wata maɓuɓɓuga can saman dutse, ya tafi ba tulu ba ƙwarya. Ya sha wuya ya kai. Ya kamfato ruwan a tafin hannunsa ya juyo, yana tafiya yana ɗiga, yana tafiya yana ɗiga. Da ya iso bakin gadonta ba ko ɗigo. Sai ya ɗora mata hannun a goshi, da sauran danshinsa.

"Shi ke nan?" in ji Mai Firam.

"Shi ke nan."

"Ta warke?"

"Bai faɗa ba."

"Wannan mutum da rowar ƙarshe yake." Ya ɗauki wani gilashi ya ɗaga shi a haske kamar yana neman tabo. "Mai hoto ya ce in gaya miki kunnuwanki sun fito da kyau."

Littafin ya rufe a hannunta.

"Na so in gaya maka, Baba. Kullum na buɗe baki sai in ga kana cin abinci, ko kana gyangyaɗi, sai in ce gobe." Ta gyara zama. "Wata jami'a ce a can ƙasarsu. Sun ce in zo in ƙarasa binciken a wurinsu, in zauna cikin masu harshen, in ga wuraren da ya yi yawo. Ba wata ɗaya ba ne, ba kuma shekara ɗaya ba. Ban amsa ba. Hoton ma na ɗauka ne kawai in ga yadda zan ji."

"Yaya kika ji?"

"Kamar ɓarauniya."

Ya ajiye gilashin a kan bargo a hankali. A ransa ya ce, ashe Yaya ba ta yi kuskure ba, kunnenta ne ya riga labarin isowa. Ya kalli shagon, hotunan mutane jere a bango, kowa da nasa a gefensa. Ya hango falon gida da rabin tebur ba littattafai, da shi da Gwaggo suna jin ƙarar cokalin juna. Bai ji daɗin abin da ya hango ba, kuma bai yi wa kansa ƙarya cewa zai saba ba.

"In kin je, me za ki samo?"

"Takardar digiri."

"Wannan ko a nan sai su ba ki. Ba ita nake tambaya ba."

Ya san tana iya shirya masa magana mai daɗi, ta albashi da muƙami da yadda za a riƙa nuna shi a titi ana cewa ga uban Dakta. Ya jira ya ga ko za ta yi.

"Ban sani ba, Baba," ta ce. "Wataƙila in dawo kamar mutumin nan, da jiƙaƙƙen hannu kawai."

"In kuma kin zauna?"

Ta sunkuyar da kai ga littafin. Shi ma bai sake tambaya ba, don ta riga ta ba shi amsar tun ranar da muryarta ta tashi.

Ya ja kujera ya zauna, abin da ba ya yi a lokacin aiki. "Uwata, na ga manema iri-iri a shagon nan. Wanda ya yi alkawarin gida da mota, bayan shekara matar ke dawowa ta ce a cire mata hoton a bar mata firam. Naki bai yi alkawarin komai ba. Ko ƙarshen waƙa ya hana. Ba zan ce miki ya kwanta mini ba. Mutumin da ke barin mace da yara a shafi na uku bai koma ya leƙa su ba, ni ba zan ba shi ajiyar akuya ba." Ya shafa gemu. "Amma ya san wani abu. Na saurara da kyau, ban kama shi da ƙarya ba."

"Baba, in ka ce kada in je, ba zan je ba."

"Na sani. Shi ya sa ba zan ce ba."

Ta rufe fuska da littafin. Ya bar ta ta yi kukanta, ya tashi ya kama share garin katako da ba ya buƙatar shara.

Da suka koma gida Gwaggo na tsakar falo tana ninke wanki. Ya zauna ya cire takalmi ya ce, "Yaya, na ba shi."

"Ka ba wa?"

"Mataccen."

Gwaggo ta kalli yarinyar da jajayen idanu, ta kalli ƙanenta, ta ajiye zanen da ke hannunta. "To ni da aka mayar mahaukaciya fa? Wa ya fara faɗa?" Sai ta ja 'yar ta rungume, tana yi mata faɗa tana share mata fuska.

Washegari tun kafin ya buɗe nasa shagon ya shiga na Tela.

"Riga za ka ɗinka mini. Ta sanyi. Ta Uwata."

Tela ya kalle shi ta saman tabarau, ya gane, bai yi tsokana ba. Ya jawo tef daga wuya. "Wane irin sanyi?"

"Irin nasu. An ce ruwa daskarewa yake a sama kafin ya faɗo."

"Na ji ana faɗa. To ninki nawa za a yi? In sa bargo a ciki?"

"Ni na sani? Kai ne tela."

"Ni ban taɓa ɗinka wa abin da ban ji a jikina ba."

Can Mai Firam ya leƙa titi. Mai shagon kayan sanyi na kusurwa ya buɗe, injin firjinsa na ta gurnani.

"Taso," ya ce.

Suka tsallaka, tsofaffi biyu, ɗaya da tef a wuya. Suka gaisa da mai shago, suka roƙe shi ya ɗaga murfin babban firjin da yake ajiye ƙanƙara. Mai Firam ya naɗe hannun riga ya zura hannu har gwiwa, ya bar shi a ciki yana kallon sama, yana jin yadda abin ke cizo.

"Yaya ka ji?" in ji Tela.

"Sa naka ka ji. A ce duk gari haka yake, har cikin hanci." Ya ƙara tura hannun ƙasa. "Kai, mutanen nan da me suke fita neman wani abu a cikin wannan? Sa bargon, Tela. Sa biyu."